Ranar Da Na Ƙaryata Jinin Ƙanwata

Ni ce Laure, mai kitso da lalle a Jakara. Ba zan ɓata muku lokaci da yadda muka bar Kano ba. An yi kuka, an yi addu'a, an ƙulla mana garin kuka da daddawa a leda, shi ke nan.

Abin da nake so ku riƙe shi ne, sai da na haifi biyar na aurar da biyu sannan na shiga ajin manya a Zaitawa. Na haura arba'in kafin na iya rubuta sunana. Sunan nan kuwa ko uwar da ta haife ni ba ta taɓa furta shi ba, don ni ce 'yar fari, Inna kuma jinin Fulani ce, kunyar ɗan fari a wurinta kamar farilla take. "Ke wannan" take ce mini, in ta ji daɗi ta ce "yayarsu". Ranar da na ga sunan a allo da hannuna, sai na ji kamar wani ya kira ni daga nesa.

Matan da suka koyo gyaran jiki na dilka a Sudan ne suka kwashe mini amare, ni kuma na ce a tushe zan koyo, ba a wurin 'yan kwaikwayo ba. Inna ta ce mace ba ta keta ƙasashe ita kaɗai, sai dai in tafi da autarmu Sa'a, wadda ta fita takabar mijinta tana zaune cikin ƙunci. "Ki je da ita ta sha iska," in ji Inna. "Amma kar ki matsa daga gefenta." Ta mota muka bi, jirgi ya fi ƙarfinmu. Wannan kafin yaƙin da ya cinye ƙasar ne.

Injamena

A nan na fara sanin baƙunta. Mutumin da ya sayar mana da wurin zama ya rantse babbar bas ce mai kujeru da sanyi. Da gari ya waye sai ga wata tsohuwar mota mai buɗaɗɗen baya, an lafta mata buhunan sukari da katifu. Na waiga neman mai rantsuwa, ya yi layar zana.

Sa'a mace ce mai jiki, tubarkalla. Aka cusa ta a lungu, ƙafarta ta hagu a ƙarƙashin buhu. Ni ina zage-zage, ita tana dariya.

"Yaya, ai mutumin bai yi ƙarya ba," ta ce, ta bubbuga buhun sukari. "Ga kujera. Sanyin kuma sai mota ta yi gudu."

Duk motar maza ne, in ban da mu da wata tsohuwa 'yar Abeshe da ita ma za ta Sudan. In an tsaya, fili ne fetal, ba bishiya ba kewaye. Sa'a ta ce ita ba za ta tsuguna maza na hangen ta ba, sai ta ɓullo da dabara: ta daina shan ruwa. Leɓe kawai take jiƙawa. Salla ma a zaune take yi da taimama, don fitowa daga lungun nan aiki ne na mutum uku.

"Auta, ki sha ruwa, zan kare ki da zanena."

"Zanenki nawa yake, ni nawa nake?"

Na yi dariya na ƙyale ta. Da na sani, da ɗure zan yi mata kamar jaririya.

Rumfar kwano

Bayan mun wuce Abeshe direba ya tsaya a wani ƙauye, ya ce ba a shiga Sudan sai da takardar gwajin jini. Ga rumfar kwano, ga mutum da farar riga da abin sauraron ƙirji a wuya. Sai ya huda maka yatsa, ya shige bayan labule, ya fito da takarda. Kowa yana da ciwo a jini, kowa sai ya sayi ƙwayoyinsa kafin a buga masa hatimi. Maza manya masu rawani suna layi suna godiya.

Ba na jin Faransanci, amma baƙaƙen boko ai ɗaya ne. Na duba sunan da ke saman takardata: Mahamat. Na karɓi ta Sa'a: Mahamat. Na fizgi ta tsohuwar nan: Mahamat. Lambobi iri ɗaya, har ɗigon tawadar da ya ɓata gefe iri ɗaya.

"Malam," na ce da ƙarfi, "dukkanmu Mahamat ne? Har da ni mai 'ya'ya biyar?"

Wani ɗan kasuwa mai jin Hausa ya fassara. Wuri ya hargitse, mai farar riga ya fice ta bayan labule, direba ya rasa inda zai sa idonsa. Daga ranar na zama "Hajiya mai boko". Ni ake fara miƙa wa ruwa. Ɗan kasuwar nan ya cika mini cinya da dabino. Sa'a kuwa kowa ta kama sai ta ce masa, "Yayata ce. A ajin manya ta yi digirinta."

Kaina ya kumbura, ba zan ɓoye ba. Kuma na ƙulle wani abu a zuciyata: duk mai farar rigar da ya ɗebi jinin baƙo, damfara yake nema.

Umdurman

Wata maƙwabciyata ce ta haɗa ni da Hajja Batul, tsohuwa mai gyaran amare. Kakanninta daga Kano suka taso a ƙasa za su Makka, suka yada zango a nan, zangon ya zama gida. Hausarta irin ta tsofaffin da ce, da Larabci tsamo-tsamo a ciki. Da na kwance mata ƙullin daddawa sai ta kai hanci, ta rufe ido, hawaye ya zubo.

"Warin ɗakin kakata," ta ce. "Ya bitti, 'yata, da gaske akwai dutsen Dala, ko tatsuniya ce suke mana?"

Ta ba mu ɗaki, ta hana mu taɓa tukunya. Abincinsu wata 'yar siririyar waina ce mai tsami, Sa'a ta ce kamar an jiƙa takarda. Kullum da hantsi sai ta zauna tana lissafa abin da ake yi a gida: yanzu Inna ta fito da tabarma, yanzu mai fura ta biyo ta Dukawuya, yanzu 'ya'yanta uku sun taso daga makaranta.

Ni kuwa na duƙufa koyo. Dilka ƙullun gari ne da ake turara shi da itace mai ƙanshi, a murza a jiki. Hajja Batul ta koya mini a fara daga tafin ƙafa a yi sama, a bi jijiya, a sa ƙarfi.

Tun da muka sauka ƙafar Sa'a ta hagu take a kumbure. Sharaɓar ta yi tauri, ta yi zafi, fatar tana ƙyalli. Na ce gajiyar hanya ce. Mu a gidanmu in ƙafa ta kumbura gasa ta ake yi da ruwan zafi a matsa, haka Inna ta yi mana tun muna yara. Ga ni da sabon ilimi a hannu, ga ƙafa a gabana. Kwana uku ina murza ƙafar nan, daga ƙasa zuwa sama, da iya ƙarfina.

"Wayyo Yaya, kashe ni za ki yi?"

"Yi shiru, sai kin yi laushi kamar amarya. Ko wani Balarabe ya gani ya taya."

Na rubuta maganarta yadda ta faɗe ta. Na yi niyyar gogewa, na fasa.

Rana ta uku, ina wanke hannu, ta miƙe ta dafe ƙirji. Numfashinta ya koma kamar na wadda ta yi tsere. Ta sulale ƙasa. Kafin in gama salati ta farfaɗo tana tambayar me ya faru, amma Hajja Batul ta riga ta tsayar da keke mai ƙafa uku a ƙofar gida.

Asibiti

Likitar yarinya ce mai gilashi, ba ta girmi 'yata ta fari ba. Hajja Batul ce ke fassara. Kwana nawa kuka yi a mota? Tana saukowa ta taka? Tana shan ruwa? An taɓa ƙafar? Da aka gaya mata batun tausa sai ta runtse ido.

Suka tura Sa'a cikin wata na'urar hoto mai kama da bakin rijiya. Bayan nan likita ta yi mana bayani: doguwar zama da ƙishirwa sun sa jini ya daskare a jijiyar ƙafa, gudan ya ɓalle, ya bi jini ya je ya toshe hanyar huhu. Suka yi mata allurar tsinka jini a fatar ciki. Suka ɗebi jininta, bayan 'yan awoyi suka sake ɗiba. Ina ganin kwalbar ta biyu na tuna rumfar kwano.

Washegari Sa'a ta tashi garau a idona. Tana zaune, ta ci burodi da shayi, tana tsokanar nas-nas da hannu tunda ba harshe. Awon jininta na hannu ma sun ce daidai yake. A gadon da ke kusa akwai wata 'yar ƙasar mai irin ciwon, ita kuwa kwana ta yi tana nishi, duk numfashi sai ta riƙe haƙarƙari, har jini-jini take tofarwa. Da hantsi sai ga likita ta sallami mai nishin nan da ƙwayoyi. Ta juyo kanmu ta ce za a mayar da Sa'a ɗakin kulawa ta musamman, a jona mata na'ura, kwana uku aƙalla. Kuma ɗakin ba a barin 'yan'uwa su zauna.

Na miƙe tsaye. "Hajja, tambaye ta. Wadda ke mutuwa an sallame ta, wadda ke dariya za a kulle ta. Don mu baƙi ne?"

Likita ba ta yi fushi ba. Ta zaro takarda ta miƙo mini. Na fara duba suna: SAADATU. Sunanta ne, ba na kowa ba. Wannan kaɗai ya isa ya sa in dawo hayyacina, amma ina. Ta ɗora yatsa a kan wata kalma, na haɗa baƙaƙen ɗaya bayan ɗaya: troponin. A ƙarƙashinta wata mai baƙi uku kacal, BNP. Kowace da tauraro a gefenta.

Ga abin da ta ce, yadda Hajja Batul ta juya mini shi. Zuciya ce ke tura jini cikin huhu. In hanya ta toshe sai ta riƙa turawa da ƙarfin da ya fi nata. In naman zuciya ya fara jin rauni, sai ya riƙa zubar da abu na farkon nan cikin jini, kamar yadda tsagaggen tulu ke tsatsafo kafin ya fashe. Na biyun kuma yana hawa ne in zuciya ta buɗe ta cika fiye da kima. Ta ce waccan matar ƙaramin guda ne ya tsaya a gefen huhunta, yana da zafi ƙwarai, amma jininta ya nuna zuciyarta lafiya lau. Na Sa'a a bakin babbar hanya ya tsaya. Ba ya zafi. Amma gwajin farko ya hau, na biyu ya fi shi hawa.

"Ta ce fuska tana iya ɓoyewa, awon hannu ma yana iya ɓoyewa na kwana ɗaya ko biyu," in ji Hajja Batul. "Ta ce ba wai lalle wani abu zai faru ba. Amma masu irin wannan jinin su ne ke faɗuwa farat ɗaya. In ta faɗi a nan, akwai maganin narkar da gudan, sai dai a take ake yin sa. In a gida ne, hanya ta yi nisa."

"Gaya mata na ga irin wannan a hanya. Har da farar rigar."

"Ya bitti, ki ji tsoron Allah. Nan ba rumfar kwano ba ce."

"Idona ya fi takarda. Dube ta!"

Na juya ga Sa'a. Dariyar ta ɗauke daga fuskarta. A irin ɗakin nan mijinta ya cika, tana leƙensa ta gilashi.

"Yaya, ni dai kar a raba ni da ke. Ko ruwa ban iya roƙa da yarensu ba," ta ce a hankali. "Amma ke kika yi karatu. Abin da kika ce shi za a yi."

Ni na yi karatu. Shekara uku a ajin manya, ina haɗa baƙi da yatsa.

Suka kawo takardar da ke cewa mun fita a kan ra'ayinmu, ba da yardar likita ba. Nas ta ajiye mini tawadar dangwale. Na ture ta.

"Ni ba ta dangwale ba ce. Ba ni biro."

Na rubuta LAURE, manya-manya, ban taɓa yin sa da kyau irin na ranar ba.

Likitar nan da na ci wa mutunci ta biyo mu har bakin ƙofa. Ta danƙa mini ƙwayoyi, ta rubuta lambarta a bayan takardar gwajin, ta riƙe hannuna da hannu biyu. Ta ce kar Sa'a ta yi tafiya, kar a taɓa ƙafar, in numfashi ya sauya ko kaɗan a juyo. Na zame hannuna.

Gidan Hajja Batul

Da safe Sa'a ta ce tuwo take marmari. Na tuƙa na dawa, na kaɗa miyar kuka da daddawar da muka taho da ita. Ta ci sosai, ta suɗe yatsa.

"Gishiri ya yi yawa," ta ce. "Amma na yafe miki, tunda ke 'yar boko ce, ba a haɗa karatu da girki."

Na dubi Hajja Batul ina murmushin nasara. Ita ko kallona ba ta yi ba.

Da aka kira azahar Sa'a ta ce ta gaji da taimama, alwala take so da ruwa kamar kowa. Na ce bari in kawo buta. Ta ce ai ga famfo nan, taku nawa ne. Taku bakwai ne. Na ƙirga su daga baya, na sake ƙirgawa. A na biyar ta tsaya, ta juyo ta dube ni, leɓenta ya yi toka-toka.

"Yaya, iska."

A cikin keke kanta yana cinyata. Ina ta danna lambar likita da hannu ɗaya, ina laƙƙana mata kalmar shahada. Ta amsa sau ɗaya. A cikin cunkoson kasuwa, tsakanin mai kankana da motar yashi, na ji jikinta ya yi nauyi irin wanda ba na barci ba.

Likita ta tarye mu a ƙofa da gado da mutanenta, sun shirya komai. Sun daɗe a kanta. Da ta fito ta cire gilashinta, ta zauna a ƙasa kusa da ni, a kan siminti, da farar rigarta. Ta bakin Hajja Batul na tambaye ta ko tausata ce ta ɓalle gudan. Ta ce ba wanda zai iya sani, yana ɓallewa ko ba a taɓa ba. Na ce da na bar ta a ɗakin fa? Ta ce, "Rai na Allah ne. Amma da muna kusa."

Ba ta zarge ni ba. Da ta zage ni da ya fi mini sauƙi.

Ni da Hajja Batul muka yi mata wanka. Na zo kan ƙafar hagu hannuna ya ƙi, tsohuwar ta karɓa. Kafin magariba Hausawan unguwar sun cika ƙofar gida, mutanen da ba su taɓa ganin Sa'a ba, ba su taɓa ganin Kano ba. Wani ya kawo likkafani, wani ya yi haƙa. Suka ɗauke ta suka sha kwana. Iyakar abin da na sani na kabarin ƙanwata ke nan: kwanar da suka sha. Matan maƙwabta suka yi kwana uku suna shigo da tire-tiren abinci, suna zama kusa da ni ba mai jin yaren wani. Tun da yaƙi ya tashi lambar Hajja Batul ba ta shiga. Ta likitar ma haka.

Dukawuya

A waya na ce wa gida ciwon ƙirji ne, kwana ya ƙare. Da na dawo ma haka na maimaita wa masu gaisuwa, har 'ya'yanta uku.

Takardar kuwa tana ƙasan akwatina. Wata rana na kai wa Malama Hindatu, maƙwabciyarmu mai aikin jinya. Wallahi so nake ta ce ta bogi ce. So nake ta ce mini Mahamat ce. Ta karanta, ta ɗago ta dube ni.

"Mai wannan jinin ai ba a barin ta ta je ko banɗaki ita kaɗai. Ta wace ce?"

Na karɓe takardata na fito.

Inna ta saba duk ranar da na je sai na matsa mata ƙafa bayan la'asar. Tun da na dawo nake zillewa. Ran nan ta miƙo ƙafafun a kan tabarma.

"Ke wannan, hannun naki ya yi tsada ne tun da ya je Sudan?"

Na durƙusa, na ɗaga hannu, ya tsaya a sama. Sai kawai na zaro takardar na ajiye a gabanta, na faɗa mata komai. Ruwan da Sa'a ta ƙi sha, tausar kwana uku, likita, biro. Ban rage ko ɗaya ba.

Ta ɗauki takardar ta juya ta a kife, don ba ta san sama da ƙasanta ba.

"Me ta ce?"

"Ta ce zuciyarta ta gaji, Inna. Ta ce a bar ta kusa da masu magani."

"Ke kuma kika ce?"

"Na ce ƙarya ne."

Ta daɗe tana shafa takardar da babban yatsa, daidai kan sunan autarta, kamar ta san a nan yake. Mai fura ta wuce tana talla a lungu. 

"Tausa ni na koya miki," ta ce. "Kar ki matsa daga gefenta, ni na faɗa miki. Wannan kayana ne, ki bar mini. Na biron naki ne, ba zan karɓa miki ba. Kowa ta ɗauki nata mu kai wa Mai gafara."

Ta ninke takardar ta tura ƙarƙashin filonta. Sannan ta kamo hannuna, ta ɗora a kan ƙafarta, ta danne da nata.

"Laure," ta ce. "Matsa mini."

Allah ya jiƙan Sa'adatu, ya haskaka kabarin da ban san inda yake ba, ya saka wa baƙin da suka ɗauke ta. Shekara arba'in da ɗoriya ina jiran sunan nan daga bakin uwata. Da na san ranar da zan ji shi ke nan, da na roƙi Allah ya bar ni a "ke wannan" har in koma gare shi.